Yadda Na Sayar da Kifi a Talabijin

Shekara biyu da 'yan watanni na yi ina wasan kwaikwayo. Shiri ɗaya na talabijin, fim ɗaya, shi ke nan. Idan yau aka tara 'yan wasan da suka yi suna a ƙasar nan, ko a layin baya ba za a ajiye mini kujera ba, kuma ba zan ji haushi ba. Amma a cikin wannan ɗan lokaci na haɗu da mutanen da har yanzu nake sa su a addu'a, shi ya sa nake son in rubuta abin da ya faru tun ban fara mantawa ba.

Na zo Abuja ba a daɗe da komawar sojoji bariki ba. Yayana, wanda ke aiki a wata hukumar gwamnatin tarayya, shi ya samo mini aikin buga takardu a wata ma'aikata, ya kuma ba ni ɗaki a gidansa a Mararaba. A lokacin duk inda ka waiga gini ne ke tashi, tifofi na ta kai da kawowa da yashi, wayar salula ta shigo kowa ya rataya tasa a wuya don a gani. Mu ƙananan ma'aikata kuwa, abin da muka fi gani na wannan arziki shi ne cunkoson hanya. Da an idar da sallar asuba muke fita mu tari motar ma'aikata, mu shafe awa biyu a tafiyar da ba ta wuce ta rabin awa ba.

A cikin motar nan abin ya fara. Tun ina yarinya a Zariya nake da halin kwaikwayon mutane, Mama ta yi faɗa har ta gaji. To da zaman mota ya ishe mu, sai abokan aiki su ce in yi musu oga. In tashi in yi oganmu yana neman tabaronsa yana zargin masinja, alhali tabaron na goshinsa. In yi mai tallan maganin basir na tasha, in yi matar da ke sayar mana da masa a bakin ƙofar ma'aikata idan aka ce mata masar jiya ce. Har direba sai ya rage rediyo.

Wata safiya wata mata ta shigo motar tare da ƙanwarta, wadda abokiyar aikinmu ce, saboda motarta ta mutu a Nyanya. Mace ce mai jiki, 'yar kudancin Kaduna, da ɗan gajeren gashi ba ɗankwali. Kowa na dariya ban da ita, kallona kawai take yi, har na tsargu na zauna. Da muka sauka sai ta riƙe mini hannu.

"Kai, ka taɓa tsayawa a gaban kyamara?"

Haka Hausarta take, mace da namiji duk "kai" ne. Na ce ban taɓa ba. Ta ce suna haɗa wani shiri da Hausa don wani gidan talabijin, labarin iyalan da ke zaune a bayan gari suna shiga Abuja neman abinci, kuma ta yi wata guda tana neman macen da za ta iya ɗaga murya a kasuwa ba tare da ta ji kunya ba. Ta ba ni katinta. Madam kowa ke ce mata, ni ma haka na ci gaba da kiranta har yau.

Da na koma gida na gaya wa Yaya. Ya ce sunan 'yar fim idan ya manne wa mace ba ya saurin fita, kuma shi ba zai yanke hukunci ba tunda Baba na raye. Matarsa, wadda nake ce wa Anti, ma'aikaciyar jinya ce, ita ce ta ce ai zuwa jin bayani ba laifi ba ne. Ta raka ni ofishin Madam a wani bene a Wuse. Aka ba ni takarda na karanta, aka sa na yi faɗa da wata kujera a matsayin mijina. Kafin mu sauko daga benen an ba ni matsayin: mai sayar da kifi, mai 'ya'ya uku, mijinta direban tasi. Madam ta ba ni rubutun kashi huɗu na farko, na ce sai na je gida tukuna.

Baba tsohon malamin makaranta ne, Hausa ya koyar har ya yi ritaya. Na same shi ranar Asabar da hantsi a zaure. Na yi ta kewaye-kewaye, ya bar ni na gama, sannan ya ce in karanta masa abin da aka ba ni, daga farko. Ban kai shafi na uku ba ya ɗaga hannu. A wurin, mai kifin tana ce wa mai saye, "Ina mai ba ki tabbacin cewa kifin nan sabo ne."

"Wa ya rubuta wannan?" in ji Baba.

Na ce da Turanci aka rubuta, wani ya mayar Hausa. Ya ce ya ji alama, don tun da aka kafa kasuwa ba a taɓa samun macen da ta yi magana haka ba. Ya aika aka ɗauko masa jan bironsa. Muka yi sallar azahar muka dawo, muka yi la'asar muka dawo, yana sokewa yana rubutawa, wani lokaci ya kira Mama daga cikin gida ya tambaye ta yadda mata ke faɗin abu kaza. Ni dai ina zaune ina jiran a zo maganar izini. Bai taɓa cewa ya yarda ba. Da ya gama ya miƙo mini takardun ya ce, "Kada ki bar aikinki. Kuma kada ki yi abin da ba za ki iya zama kusa da ni mu kalla tare ba."

A hanyar dawowa na yi ta tunanin yadda zan miƙa wa Madam takardunta sun yi jajur. Da ta karɓa ta yi ta juya shafuka, ta sa na karanta mata gyaran, sai ta fashe da dariya, ranar na fara jin dariyarta. Ta tambaya ko Baba zai yarda ya duba sauran. Daga nan duk rubutun da aka gama sai a ba direba a tasha ya kai Zariya, bayan kwana uku ya dawo da jan biro. Madam ta so ta sa sunansa a ƙarshen shirin, ya ce a'a.

Saura wata biyu a fara ɗauka, Madam ta kama tafin hannuna ta duba ta ce wannan hannun ofis ne, ba wanda zai yarda ya taɓa riƙe kifi. Ta kai ni kasuwar kifi ta Kado ta damƙa ni ga wata dattijuwa Banufiya da take sayen kifi a wurinta. Nna ake ce mata, wato uwa da yarensu. Mijinta ya rasu tun suna can bakin kogi, ta taho Abuja da 'ya'ya biyar, da kifin nan ta raine su.

Nna ba ta so zuwana ba. Da farko ta ɗauka jami'ar duba tsafta ce aka turo mata da dabara. Asabar ta farko ta bar ni a kan benci tun safe har la'asar, ko kallona ba ta yi ba. Asabar ta biyu na zo da tsohon zani da silifas na roba, sai ta nuna mini bahon tarwaɗa ta ce in ciro mata guda. Na zura hannu, tarwaɗar ta murɗe ta soke ni da ƙayar gefenta a tsakanin yatsu. Zafin ya hau mini har kafaɗa. Nna ta matse wurin jini ya fita, ta tsoma hannun a ruwan zafi, ta ce to yanzu in sake, amma ta bayan kai ake kamawa. Na sake ina hawaye. Da rana ta buɗe kwanonta na shinkafa da miyar wake ta turo tsakaninmu.

A wurinta na koyi kankare karfasa ba tare da na watsa wa mai saye ɓawon ba, da yadda ake yanka ragon ruwa gunduwa-gunduwa, da yadda ake gane kifin da ya kwana ta idonsa. Amma abin da ya fi yi mini amfani shi ne bakinta. Muryar da take tarbar hajiyar da ta sauko daga babbar mota daban, wadda take yi wa kukun gidan manya daban, don shi ta san zai ƙara nasa a kai. Idan mai gidan abinci ta zo, sai su yi ta zagin juna kamar za su daku, a ƙarshe ta ƙara mata kai biyu kyauta ta tambayi lafiyar yara. Ban rubuta komai ba, kunne kawai na sa. Ranar Litinin kuwa, duk wankan da na yi, sai oga ya shigo yana shaƙar iska yana tambayar wa ya kawo kifi ofis.

Asabar da Lahadi muke ɗauka, saboda aikina. Ranar farko aka ari rumfar da ke kusa da ta Nna. Wanda ya fito a mijina dattijo ne da ya daɗe yana wasan rediyo, mutum mai haƙuri. Da aka ce a fara, na ga kyamara ta zuba mini ido, mutanen kasuwa sun yi da'ira, sai komai ya gudu daga kaina. Kalmomin da na haddace har ina faɗinsu a banɗaki, ko ɗaya ban tuna ba. Aka sake, na faɗe su kamar mai karanta sanarwa. Aka sake, aka sake. Rana ta take, kifin da aka jera ya fara canza launi, mai kyamara ya fara tsaki. Madam ta ce a huta.

Ina zaune a rumfar ina tunanin ta inda zan sulale in hau mota, sai ga wata mata da kwando, ba ta lura da komai ba, ta ɗaga wata babbar tarwaɗa ta yi mata tayin wulaƙanci. Ina cike da haushin kaina, sai na sauke shi a kanta. Na karɓe kifin na mayar baho, na ce mata da wannan kuɗin ko ƙayarsa ba za ta samu ba, ta gangara ƙasa akwai masu kifin gwangwani. Ta rama, na rama, ta yi kamar za ta tafi, na kira ta da "uwar gida" na ce ta dawo kada yara su kwana da miya lami. Muka daidaita na yanka mata. Sai da ta juya na ga ashe Madam ta yi wa mai kyamara alama tun tuni. Aka bi matar aka roƙe ta ta bari a sa ta a shirin, ta yarda tana ta rufe fuska da mayafi. Daga ranar tsoron ya sake ni. Na je wurin Nna ina jiran yabo, ta ce bakin ya yi, hannun ne dai har yanzu da saura.

Ranar Lahadi bayan la'asar ake nuna shirin. Ranar da za a fara, Anti ta tara maƙwabta a falo, yara a ƙasa manya a kujera. Saura kaɗan a fara aka ɗauke wuta. Yaya, wanda tun da aka soma maganar bai taɓa tambayata yadda ake ciki ba, shi ya fita da gudu ba takalmi ya ja janareta. Da fuskata ta fito, falon ya kaure, ni kuwa na tsaya a bakin ƙofar kicin ina leƙe. Bayan an gama Baba ya kira ta wayar maƙwabcinsa. Ya ce akwai kalma ɗaya da na ja wasalinta ba daidai ba, in kula. Sai Mama ta karɓi wayar ta rage murya ta ce tun safe ya sa aka fito da talabijin ƙofar gida, ya aika aka gaya wa duk layin.

Cikin 'yan watanni sunana ya ɓace a Mararaba, na koma Mai Kifi. 'Yan acaɓa su ɗaga mini hannu, masu kayan miya su ƙara mini gyara. A mota mata su matso su kawo mini ƙarar mazajensu, su nemi shawara, kamar da gaske ni ce matar direban tasi mai 'ya'ya uku, alhali ko aure ban yi ba. Oga da kansa ya kira ni ofishinsa, na shiga ina zaton laifi na yi, ashe matarsa ce ta aiko a tambaye ni ko mijin nawa zai sayar da tasin ko ba zai sayar ba. Daga nan ya riƙa sallamata da wuri ranar Juma'a don in je bita.

Akwai kashi ɗaya da ba na mantawa. A lokacin ana rushe gine-gine a unguwannin bayan gari, sai aka rubuta cewa mai kifi ta dawo daga kasuwa ta tarar an shafa jan fenti a bangon gidansu, alamar za a rushe shi. A rubuce, za ta yi kururuwa ne ta tara jama'a. Dattijon da ke fitowa a mijina ya ce shi a ganinsa macen da ta fi kowa baki, ranar da abu ya kai mata wuya shiru za ta yi. Madam ta ce a gwada. Na ajiye baho, na zauna a dakalin ƙofa, na cire silifas ina duba shi, hawaye suka zo da kansu. Bayan an nuna shi da kwana biyu, wata mata ta tare ni a bakin titi ta rungume ni. Ta ce an rushe nasu gidan, suna zaune a shagon ƙanin mijinta, kuma tun ranar ba ta yi kuka ba saboda yara, sai da ta ga nawa. Muka tsaya nan motoci na wucewa, ina riƙe da ita.

Ba duka ne daɗi ba. Akwai wani ma'aikaci da ke nemana da aure tun kafin shirin, magana ta fara nisa, sai ya rage zuwa, daga baya ya aiko abokinsa ya ce mahaifiyarsa ba ta amince da 'yar wasa ba. Na yi kwana biyu ba na cin abinci sosai. Wasu dangi a Zariya ma sun yi ta magana, amma da yake Baba ne ke gyara rubutun, ba wanda ya iya kawo masa ita a fuska.

A shekara ta biyu aka neme ni a fim. Wani ɗan kwangila ne da kuɗi suka zo masa ya ga dama ya zuba a harkar, aka ɗauko darakta da manyan 'yan wasa daga nesa, aka ce za a yi abin da ba a taɓa yi ba. A wani katafaren gidan gona a wajen Kuje aka yi ɗaukar. Ni aka ba matar mai gidan, mace mai ilimi da kawaici, wadda ta gano mijinta na cin amanar abokan kasuwancinsa ta rasa yadda za ta yi. Na ɗauki hutun shekara, mako uku. Aka sa mini leshi da gwal da takalmi mai tsini, aka zaunar da ni a kujerar da ta kusa haɗiye ni.

Tun ranar farko na san akwai matsala. Matar nan ba ta ɗaga murya, ba ta da abin yi da hannu, yawancin wasanta a fuska yake, kyamara ta matso har tana ganin numfashinka. Ni kuwa ban taɓa zama da irinta ba. Na san hajiyoyin da ke saukowa daga mota a Kado, amma daga bayan tebur na san su, ban san yadda suke idan sun koma gida sun rufe ƙofa ba. Na rasa inda zan ajiye hannuwana. Daraktan mutum ne mai ladabi, bayan an sake sau biyar sai ya ce, "Ya yi, Hajiya, mu je gaba." Na san bai yi ba.

Da fim ɗin ya fito, Yaya ya sayo faifan muka zauna kallo mu uku. Sauran 'yan wasan sun yi ƙoƙari. Ni kuwa duk inda na fito sai ka ga mai kifi ce ta ari kayan wata, ta ƙame tana tsoron kada ta ɓata su. A wurin da ya kamata a tausaya mini, ɗaure fuska kawai na yi kamar an taya kifina da arha. Anti ta tashi ta ce bari ta duba tukunya, ba ta dawo ba. Yaya ya ce gidan dai ya yi kyau.

A daidai lokacin ne masu ɗaukar nauyin shirin talabijin suka ce sun kammala, ba za a yi zango na uku ba. Sai ga kira daga wasu masu shirya fim a Kano da Kaduna, suna cewa in na koma can ba zan rasa aiki ba. Komawa can na nufin ajiye aikin gwamnati. Na saba da a gane ni a hanya, kuma ina son in nuna wa kowa cewa fim ɗin Kuje tsautsayi ne. Na buga takardar ajiye aiki da injin ofis, na sa a jaka, na tafi wurin Madam don ta sa mini albarka ta kuma haɗa ni da mutanenta.

Ta karanta takardar ta ajiye a kan tebur. Ta ce ta kalli fim ɗin sau biyu. Ta ce ina da kunne, duk wanda na zauna da shi zan iya ɗauko shi tsaf, kuma mai kifin da na yi ba ta da 'yar wasan da za ta yi shi kamar ni. Amma wanda zai ci abinci da wannan sana'a dole ya iya fito da mutumin da bai taɓa gani ba, yau sarauniya gobe mahaukaciya, ni kuwa ban kai nan ba. Ta ce ana koyo, sai dai yana cin shekaru, shekarun kuma na wahala ne.

"In ka tafi, za su sa ka faɗa a kasuwa sau ashirin, har mutane su gaji da kai," in ji ta. "Ni ba zan ce ka tafi ba. In ka tafi kuma, zan ba ka lambar kowa."

Na ɗauki takardata na fita ko sallama ban yi ba. A raina na ce baƙin ciki take yi don shirinta ya ƙare ni kuma ana nemana. Daga ranar na daina kiranta, ta kira sau biyu ban ɗauka ba.

Na je Zariya da shirin rigima da Baba, don na san ya ce kada in bar aiki. Sai ya ce wannan sharaɗi ya yi shi ne lokacin ban san komai a harkar ba, yanzu na fi shi saninta, ba zai ɗaure ni da shi ba. Tambaya ɗaya ya yi mini: mako ukun da na yi a Kuje, na ji daɗinsu? Gaskiya kullum na farka a gidan gonar nan sai na ƙirga kwanakin da suka rage. Jiran da ake yi tun safe kafin a zo kanka, da kwalliyar da ake shafe awa ana yi, da maimaita magana ɗaya har ta fita a ranka, duk sun gundure ni. A Kado ban taɓa duba agogo ba. Na gaya masa haka. Ya ce to, ya ci gaba da jan carbinsa. Takardar ba ta taɓa isa teburin oga ba.

Na koma bakin injina. Watannin farko sun yi nauyi, musamman ranar Lahadi da la'asar. Sannu a hankali masu kirana Mai Kifi suka ragu, sababbin shirye-shirye suka fito da sababbin fuskoki. Oga ne ya sa aka mayar da ni sashen yaɗa labarai, ya ce wadda ta iya tsayawa gaban kyamara bai kamata ta ƙare a buga takarda ba. A can aka ƙarfafa mini gwiwa na shiga karatun digiri na ƙarshen mako. A sashen nake har yanzu, ni nake rubuta sanarwar ma'aikata da Hausa, wani lokaci in karanta a rediyo. A wurin karatun na haɗu da mijina, Bakatsine, wanda bai taɓa ganin shirin ba don a lokacin yana aiki a kudu.

Kafin bikin na je wurin Nna na ce ta zaɓar mini giwan ruwa mafi kyau, na ɗauka na nufi gidan Madam. Na shirya doguwar magana ta ban haƙuri. Ta buɗe ƙofa ta dubi kifin ta dube ni, ta ce in shigo in yanka albasa. Sai da muka ci muka ƙoshi na ce mata ta yi gaskiya, kuma na gode. Ta ce ta san zan zo, ta dai ɗauka ba zan kai haka ba. Ranar ɗaurin aurena ita da Nna suka zauna a tabarma ɗaya a Zariya, Mama na ta hidima da su.

Baba ya rasu bayan haihuwata ta biyu. Nna ta koma garinsu da ƙafafunta suka gaza, babbar 'yarta ce a rumfar yanzu, kuma har yau a wurinta nake sayen kifi. Dattijon da ya fito a mijina shi ma ya riga mu gidan gaskiya, Allah ya jiƙansu shi da Baba. Madam ta bar harkar talabijin, tana kiwon kaji a bayan Kuje, mukan yi waya duk bayan 'yan makonni.

Bara ta aiko mini da saƙo cewa ta sa an kwashe abin da ya rage na tsofaffin kaset ɗin, yawancinsu danshi ya cinye, kashi biyar kawai aka samu. Na tara yarana ranar Asabar muka kunna. Suka yi ta dariyar ramata da irin ɗaurin ɗankwalina, suka ce hoton ya yi duhu. Kafin a gama kashi na biyu manyan sun koma kan wayoyinsu. Ƙaramar ce ta zauna har ƙarshe, ta tambaye ni me ya sa na daina. Na ce mata abu ɗaya na iya, na yi shi, an ji daɗi, ni ma na ji, sai na dawo aikina. Ta ce to ita dai da ita ce da ba ta daina ba. Na ce Allah ya nuna mana lokacin, na tura ta ta kira babanta a ci abinci.